Gishirin Gidan Audi

Kontagora, farkon damina

Zuwa ga jikana, mijina marowaci, Sirajuddeen ɗan Yahya, a Legas.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali. Ya aikin kamfani? Mu nan alhamdu lillahi, ruwa ya sauka, an fara shuka. Gwiwoyina dai sun ƙi. Kunnen hagu ya mutu, na daman ma sai an yi ihu, shi ya sa ka ga takarda. Kada ka ƙara kirana a waya. In ka ji ina cewa "to, to", wallahi ba abin da nake ji, kunya ce kawai. Bashira maƙwabciyata, mai ɗinki, ita ke rubutawa. Na ce ta sa yadda na faɗa, kada ta yi mini kwalliya.

Na ji an gama shari'ar fadama, alƙali ya ba ku. To, barka. Allah ya jiƙan ubanka da ya fara ta bai ga ƙarshenta ba.

Maganar Agatha ce ta sa na aiko. Ka tuna da ita? 'Yar Audi, ta gidan kan tudu a hanyar Rijau, wadda take cika maka aljihu da gyaɗa kana yaro. Tare muka tashi, kwano ɗaya. Ita coci, ni masallaci, ba mu taɓa ɓatawa a kan haka ba. 'Yarta Helen ta same ni a kasuwa, ta ce jikin ya yi tsanani. Ƙafafu sun kumbura, ido ya tafi.

Ka san tun da aka fara shari'ar nan, Andarawus ɗan wanta, wanda shi ne babba a gidan yanzu, ya rantse ba jinin Nuru da zai ƙara taka ƙofarsu. To Nuru ubana ne. Ni ban san hanyar kotu ba, amma ni aka rufe wa ƙofa. Ina so in shiga ɗakin Agatha in zauna bakin gadonta kafin ɗayanmu ta tafi. Iyakar abin da nake nema ke nan a duniya.

Ban san ko an taɓa gaya maka yadda gidajen nan biyu suka haɗu ba. Lokacin Yaƙin Jamus na farko aka zo aka ce kowane gari ya ba da samari. Aka ɗauki Baba Nuru, kakan ubanka, da ƙanensa Auwal. Ba bindiga aka ba su ba, aikin kariya ne, wato ɗaukar kayan soja a ka. Suka yi ta tafiya har ƙasar Kamaru, gindin wani dutse da Baba ke ce wa Mora. Jamusawa da sojojinsu baƙaƙe suna bisa, Turawan Ingila da na Faransa sun kewaye ƙasa. Na sama ba su sauko ba, na ƙasa sun kasa hawa. Damina ta wuce, rani ya wuce, wata daminar ta zo ta same su a nan.

In Baturen ƙasa yana son magana da Baturen sama, ba ya hawa da kansa. Sai a ɗaura farin ƙyalle a gora, a miƙa wa ɗan kariya takarda, a ce hau. Baba ake ba, don ƙafarsa ta san dutse. Ya ce har goron Kirsimeti ya taɓa kai wa Baturen sama daga na ƙasa, aka ba shi tukuici ya sauko da shi, washegari igwa ta ci gaba.

A rabin dutsen akwai sojan Jamus da ke tare shi, ya ɗaure masa ido, ya ja shi a hannu. Shi ne Audi. Ran nan yana jan sa, sai ya matso kunnensa ya ce, da wata karkatacciyar Hausa, "Kana da gishiri?" Ashe sun cinye dawakinsu da jakunansu, duk lami. Da aka sake aiken Baba, sai ya yagi bakin farar tutar, ya ƙulle gishirin rabonsa, ya tura ƙarƙashin hula, ya kai wa Audi.

Bashira ta ce direban da zai kawo maka takardar ya kusa tashi. Sauran sai wani lokaci. Tun daga nan dai, in rigima ta shiga tsakaninmu da su, gishiri ke kashe ta. Yanzu kanka ta zo. Gishiri ya isa gidan Audi daga gare ka, ƙofa ta buɗe. Kada ka yi nawa.

Ni ce matarka da ka yasar,
Murja.

*

Legas

Zuwa ga uwargida, Kaka Murja.

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso, amma sai da ta daɗe a aljihun direba. Muna lafiya. Yara suna gaida kaka, matata ta ce a yi miki sannu da gwiwa. Wa ya yasar da ke? Ke ce kika tsufa kika bar ni.

Na karanta labarin dutse, ban taɓa jin sa ba. Baba bai cika magana a kan mutanen nan ba sai ta kotu.

Maganar gishiri kuwa, gaskiya ba son raina ba ne, amma don ke na yi. Na sa direban ya sayi buhu guda, babba, mai kyau, ya kai musu har gida ya ce daga Sirajuddeen ɗan Yahya. Kada a ce mun yi rowa. Da kin ji ya isa sai ki shirya ki je ki ga ƙawarki. Ki sa a raka ki, hanyar nan ba ta da tabbas yanzu.

Naki,
Sirajuddeen.

*

Kontagora, tsakiyar damina

Zuwa ga Sirajuddeen.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina gaida iyali. Jiki da sauƙi, ban da tari da sanyin damina ya sa mini. Gero ya kai gwiwa.

Buhunka yana nan a zaurena, yana zufa, ƙasan wurin duk ta jiƙe. Direban bai ma hau tudun ba. A bakin titi ya sauke, ya ɗora wa mai mashin. Andarawus ya fito ya dube shi ya ce, "Buhu? Shanu muka zama?" Ya ce a mai da wa masu shi. Helen ta ce Agatha na jin haka ta juya fuskarta bango.

Kai, Siraju! Rana ɗaya ka tashi kashe rowa, ka kashe ni. To da ma na ɗauka ubanka ya gaya maka yadda ake yi. Bari in ƙarasa maka abin da direba ya katse.

Da na sama suka gaji, aka yi ta aiken Baba, hawa da sauka, har Turawan suka daidaita. Aka ce su sauko, ba za a kashe kowa ba, sojoji baƙaƙe kowa ya tafi garinsu. Baba ya ce da idonsa ya ga Baturen sama da na ƙasa sun gaisa, sun shiga tanti, an buɗe musu abincin gwangwani, har da dariya. Ya ce bai taɓa ganin masu gaba sun yi saurin zama 'yan uwa haka ba. Su 'yan kariya suna tsaye a rana. Ba wanda ya ce musu sannu.

Sojojin sama suka yi ta saukowa, ƙashi da fata. Baba ya duba, ya duba, bai ga Audi ba. Ashe ya ƙi saukowa. Tun yana yaro aka ɗauko shi daga garinsu, bai san hanyar komawa ba. Kuma yana ganin sulhun na Turawa ne, da sun juya baya na ƙasa za su yanka shi.

Sai Baba ya hau. Ba wanda ya aike shi, ba tuta, ba takarda, sai ƙullin gishiri a ƙarƙashin hula. Ya same shi zaune cikin duwatsu. Audi ya ce, "Ku kuka ci yaƙi, me ka zo yi?" Baba ya ce, "Shi ya sa na zo. In kai ka sauko wurina, roƙo ka zo. In ni na hau wurinka, cin abinci na zo." Suka tafasa ganye, suka zuba gishirin, suka ci. Sannan suka sauko tare, har gida. Baba ya ba shi wurin zama da gefen fadamar nan da kuka yi shari'a a kai. Audi ya auri wata Badukkiya, 'yar ƙabilar yankin nan, ya haifi su Agatha. Shi ya zaɓi kan tudu, ya ce ya saba.

Daga baya, ana zaune, aka yi shela a kasuwa wai an gama yaƙin gaba ɗaya, manya sun zauna a Turai sun yi sulhu, sun raba Kamaru. Ƙasar su Audi ta faɗa hannun Faransa. Audi ya ce, "To, ni wa ya tambaye ni?" Baba ya matsa ya tambayi mai shela ko an yi maganar waɗanda aka binne a can. Mai shela ya ce ba a ba shi wannan ba. Suka koma gona.

Ka gane yanzu? Wanda ya yi nasara shi ke kaiwa, kuma da ƙafarsa. Ba ya aike. Aike aikin Turawa ne, su zauna a inuwa wani ya hau. Gishirin bai wuce cikin tafin hannu ba, a ƙulle a farin ƙyalle, a ƙarƙashin hula. Ba lallai ƙyallen Baba ba, wannan ya ruɓe tun ina budurwa. Daga gindin tudu ka taka. In ka isa ka miƙa, ka zauna, a zuba a miya, a kawo ka ci. Ba a tayar da maganar rigimar, ba a cewa yi haƙuri, ba a cewa na yafe. Ci kawai. Na ga an yi a kan akuya da ta ci dawa, ranar su suka zo mana. Na ga kakanka ya hau a kan maganar rijiya, yana kumbure-kumbure kamar zai fashe, amma ya hau.

Buhu kuwa, a hannun direba, cewa ka yi, mun cinye ku, ga sadaka.

Ka zo, Siraju. Kai ka ci shari'a. Ba wanda zai iya hawa sai kai.

Kakarka,
Murja.

*

Legas

Zuwa ga Kaka Murja.

Assalamu alaikum. Ki gafarce ni da jinkiri. Takardarki ta daɗe da zuwa, amsar ce ta gagare ni. Muna lafiya, ƙaramar ta yi zazzaɓi amma ta warke. Allah ya sawwaƙe miki tarin.

Ban san buhu zagi ba ne. Da na sani da ban aika ba. Amma Kaka, abin da kike nema ya fi ƙarfina.

Ina wurin ranar da 'ya'yan Andarawus suka ture Baba a fadama. Ya faɗi cikin taɓo a gaban mutane, hularsa ta yi gefe. Ni na ɗauko ta. Andarawus yana tsaye, bai ce musu kai ba. Tun daga nan Baba bai ƙara zama daidai ba. Yau kotu, gobe asibiti, har hawan jini ya kwantar da shi. Da ya rasu, mun zauna karɓar gaisuwa, Fulanin ruga sun zo, Kambarin ƙauye sun zo, har fasto ya zo. Daga gidan Audi ko mutum ɗaya. Kina wurin, kin sani.

Yanzu ni zan taka da ƙafata in je in zauna a gabansa in ci tuwonsa? Me zan gaya wa Baba?

Kuma nan ba a ba mutum hutu don zai kai gishiri. Masu jiran aikina suna bakin ƙofa kullum.

Kakanmu Nuru da Audi yunwa ce ta haɗa su, ba jini a tsakaninsu. Mu akwai. Ki yi haƙuri. Ina tausayin Mama Agatha, ba ta taɓa yi mini komai ba sai alheri. In akwai magani da take bukata ki gaya mini.

Naki,
Sirajuddeen.

*

Kontagora, ƙarshen damina

Zuwa ga Sirajuddeen.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa. Sannu da jinyar yarinya. Ka ji shiru, kwanciya na yi, sai yanzu na iya zama in yi magana. Abin da ya kwantar da ni shi zan gaya maka.

An karanta mini takardarka. Na sa Bashira ta yanko mini farin ƙyalle cikin ragowar ɗinkinta. Na buɗe buhunka na ɗebi cikin hannu, ka ga ya yi amfani. Na ƙulle, na sa a ƙarƙashin ɗankwali. Muka shiga mota ni da ita har gindin tudun. Masu mashin suka yi caa, "Mama, hau, Mama, hau." Na ce ku ba ni wuri. Na taka. In yi kaɗan in zauna, in yi kaɗan in zauna. Tudun da muke tsere a kai ni da Agatha da tulu a ka.

Andarawus ya hango ni, ya fito bakin ƙofa. Shi ma ya yi furfura. Ya durƙusa har ƙasa ya gaishe ni, ya sa aka kawo kujera da ruwa, amma a waje. Na ciro ƙullin na miƙa. Ya sa hannayensa a baya. Ya ce, "Mama, ba ke kika ci ni a kotu ba. In na karɓa a hannunki, na ce ke ce abokiyar gabata ke nan. Kuma shi jikan naki yana can a inuwa, ya sake aike." Na ce ba aiko ni aka yi ba. Ya ce, "Na sani. Amma ba ke ba ce."

Ban yi musu ba. Yaron ya san abin, an gaya masa daidai.

Sai Helen ta ja ni ta bayan gida, inda dangar kara take. Suka ɗauko Agatha a kujera suka ajiye ta ciki, ni ina waje. Andarawus ya gani, ya kau da kai, ya tafi duba awaki. Na tura hannu ta tsakanin kara, ta lalubo ta kama. Ita ba ta gani, ni ba na ji. Muryarta ta zama zare. Sai ta faɗa, Helen ta ɗaga murya ta maimaita mini.

Ta ce, "'Yar Nuru, hannunki ya zama itace."

Na ce, "Ke naki auduga ne?"

Ta ce, "Kin ga mu ma sai da ɗan kariya."

Muka yi dariya har tari ya kama mu duka. Ta ce in ba ta ƙullin ta taɓa. Ta shafa, ta sunsuna, ta turo mini abina. Sannan ta ce a kira Andarawus. Ta ce masa daga yau kada a ƙara sa mata gishiri a abinci sai na gidan Nuru ya shigo ta ƙofa. Helen ta ce, "Mama, da likita ya hana ki ai ƙi kika yi." Ta ce, "Likita ba ubana ba ne."

Kada ka ɗauka wasa ne. Helen ta zo jiya, ta ce ta tsaya a kan maganarta. Sun gwada sa mata kaɗan a ɓoye, ta tofar. Lamin kuma ba ya shiga, loma ɗaya biyu ta ture kwano. Tana ƙarewa.

Yanzu maganarka. Ba su zo gaisuwar Yahya ba, gaskiya ne. Ni na goya Yahya a bayana. Na yi ta kallon ƙofa ranar, ban ga kowa ba, kuma har yau abin yana nan a ƙirjina. Ba zan ce maka ƙarya ne ba.

Amma ka ce babu jini tsakanin Nuru da Audi. Ina Auwal? Na gaya maka su biyu aka ɗauka, ka ji na ce su biyu suka dawo? Yana ɗauke da ruwa a gindin dutsen aka harbo shi daga sama. Ta gefen da Audi ke tsaro. Baba ya binne shi da hannunsa, a bakin hanyar da yake bi in zai hau. Duk hawan da ya yi da tuta, da wanda ya yi da gishiri, ta gefen kabarin ya wuce.

Ina yarinya na taɓa tambayarsa, Audi yana tsakar gidanmu yana gyaran fartanya. Na ce, "Baba, ko shi ne?" Ya ce, "Ban tambaya ba. In na tambaya, dole ya amsa." Bai taɓa cewa ya manta ba. Har ya mutu, in an ambaci Auwal sai ya tashi ya bar wurin. Amma ya hau.

Ka ce me za ka gaya wa ubanka. Ban sani ba, Siraju. Ban san abin da Baba ya gaya wa Auwal ba.

Na gaji. Ba zan ƙara roƙonka ba. Ga ƙullin nan na ba direba tare da takardar. Ni na kai shi har ƙofa, ba a karɓa ba, naka ne. Kada matarka ta ɗauka tsaraba ce ta zuba a miya. In ba za ka zo ba, ka ajiye shi inda za ka riƙa gani.

Murja.

*

Legas

Kaka,

Assalamu alaikum. Ƙullin ya iso. Na ajiye a kan taga, na mai da shi cikin jaka, na sake fito da shi. Kin iya mugunta, uwargida.

Oga ya ba ni 'yan kwanaki, ya ce in na ƙara a kai kada in dawo. Zan taso ƙarshen mako. Ba don Andarawus ba. Ba zan ce masa komai ba, tunda kin ce ba a magana. Wannan ne kaɗai abin da ya yi mini daɗi a al'adar taku.

Ni ba na sa hula a nan, ba ni da ita. Ta Baba ce a wurina, wadda ta faɗi a fadama. An wanke, amma tabon bai fita duka ba. Ita zan sa. In hakan ya saɓa wa al'ada, to sai dai a fasa.

Ki gaya wa Helen ta gaya wa Mama Agatha ta jira ni.

Sirajuddeen.

*

Kontagora, kaka ta yi

Zuwa ga mijina Sirajuddeen.

Assalamu alaikum. Ina fatan ka isa lafiya, ka samu aikinka yana nan. Ka tafi a gurguje, ko hira ba mu yi ba. Ni kuma da muka sauko daga tudun ba ni da bakin magana. Gwiwoyi sun gama, yanzu da sanda nake zuwa alwala. An fara yankan gero.

Kai ka san abin da ya faru a waje. Na hango ku ta ƙofa, kai da Andarawus a tabarma ɗaya, kowa ya sunkuyar da kai cikin kwano kamar an sa ku dole. To an sa ku. Bari in gaya maka na ciki.

Na shiga ta ƙofa, da sallama. Ɗakin yana nan yadda na san shi, gadon ƙarfen, da hoton Yesu da hayaƙi ya dafe. Na zauna bakin gado. Ba ta kai nauyin kaza ba. Na sa kunnena na dama a bakinta, muka sallami Helen, ba mu bukaci ɗan kariya ba. Aka kawo miyar kuka da gishirinka a ciki. Ni na ba ta a baki. Ta ɗanɗana, ta yamutsa fuska, ta ce, "Ya yi yawa. Gidan Nuru ba ku taɓa iya awo ba." Ta buɗe baki in ƙara. Ta cinye kwanon tas.

Ba mu yi wata magana mai nauyi ba. Ta tambaye ni ko na tuna ranar da muka saci mangwaron mishan. Na ce ke kika hau, ni na tsaya gadi. Ta ce ƙarya nake. Sai barci ya ɗauke ta, hannunta cikin nawa.

Siraju, Agatha ta rasu ranar Lahadin da ta wuce, da hantsi, ana coci.

Andarawus bai aiko ba, da kansa ya zo ya faɗa mini. Ya shigo zaure ya zauna, dab da buhunka. Sannan ya ce, "Hular nan da yaron ya sa, na gane ta." Ya ce, "Allah ya jiƙan Yahya." Sai da Bashira ta maimaita mini, don a hankali ya faɗa. Na ce amin. Ga shi na isar maka. Gaisuwar ta zo a makare, ka karɓa ko ka bari, wannan kai da zuciyarka.

Da zai tashi na ce masa za a yi girkin makoki, jama'a za su yi yawa, ga gishiri nan yana ɓata mini zaure. Ya dube ni, ya dubi buhun, ya sunkuya ya saɓa a kafaɗa. Ka ga ya isa inda ka aika shi.

Kada ka ɗauka komai ya gyaru. 'Ya'yansa har yanzu ba su gaida mutanenmu a fadama. Ubanka bai dawo ba. Baba ma da suka sauko daga dutsen ba a ba shi komai ba sai ciwon wuya da ya mutu da shi. Ni dai na shiga ɗakin, na zauna bakin gadon. Na gode.

Abu ɗaya ya rage. Ƙyallen yana gidansu, Helen ta wanke ta ajiye. Haka ake yi, wanda aka kai wa shi ke riƙewa, don wata rana su za su yi nasara a kanku. Ba zan gani ba. Ka zaunar da ɗanka ka gaya masa da bakinka, tun daga dutsen, har da Auwal, har da hular. In ya ga mutumin gidan Audi ya taho a ƙafa, da ƙulli a ƙarƙashin hula, ko wa aka binne a tsakani, ya shimfiɗa tabarma, a ɗora tukunya.

Bashira ta ce hannunta ya gaji. Ni ma.

Matarka,
Murja 'yar Nuru.